Zinariyar da Na Jefa a Tukunyar Kawu

Bari in faɗi laifina da bakina tun kafin wani ya riga ni ya ƙara masa gishiri. Ni na jefa ƙwayar zinariya a tukunyar Kawu. Ba ta fi ƙwayar dawa ba, kuma da wasa na yi. Na zaci zai yi tsalle, in faɗi ƙasa ina dariya, kafin la'asar magana ta wuce. Ashe wata huɗu za ta ɗauka, har ta kusa cinye tasar Kaka.

Kawu ƙanen mahaifiyata ne, maƙerin fari, mai yin mundaye da zobba da 'yan kunne. Matan Fulani tun daga Kusasu suke tako ƙafa su zo maƙerarsa. A gidansu na tashi, a hannun Kaka. Ita kuwa tasar, ta tagulla ce, aikin Bida, da zane kewaye da bakinta kamar sawun tsuntsu a kan yashi. Kaka ta gaje ta wurin mahaifiyarta. Duk wanda aka haifa a gidanmu, a cikinta aka zuba goron sunansa, har Kawu, har ni. Kaka takan goge ta da toka da tsamiya kowace Alhamis. Na taɓa ce mata ta fi son tasar da ni.

Ta ce, "To, maigida, ita ba ta taɓa yi mini ƙarya ba."

Bara da rani ina cikin masu wanke ƙasa a sansanin Baturen da ke haƙar zinariya a daji, ta hanyar Kutemeshi. Muna yini a rafi da ƙwarya, muna juyawa, muna juyawa, har in mutum ya koma gida tuwo ma juya shi yake yi kafin ya ci. Wata rana direban Baturen, wani mutumin Lokoja mai fara'a, ya zo maƙera da wani ɗan hannun ƙarfe da ya karye. Ya ce na majigi ne, da shi ake juya na'urar. Kawu ya gyara shi. Direba ya ce ladansa shi ne wurin zama a sahun gaba ranar Lahadi, don Bature ya yarda a nuna wa ma'aikata majigi a sito.

Kawu ya ce shi ba yaro ba ne. Ranar Lahadi ya riga ni sa riga.

Da hantsi aka yi, amma da aka rufe ƙofar siton aka toshe ramuka da buhu, sai ka ce cikin tulu muke. Direba ya jona waya da batirin mota, ya kama hannun nan da Kawu ya gyara, ya fara juyawa. Kar-kar-kar-kar. Haske ya fito daga na'urar, siriri a gindi, yana faɗi yana faɗi har ya sauka a kan farin zanen gado da aka kafa a bango. Sai ga ɗaki a jikin zanen.

Ɗaki fa sosai, da taga, da tukwane, da kwalabe masu dogon wuya kamar zalɓe, da kyandir a kan tebur. Ga wani tsoho mai gemu har cibiya yana kaiwa yana komowa. Ni dai na manta da numfashi. Wanda ke kusa da ni ya kama salati. Wani Bagwari da muke aiki tare ya tashi ya leƙa bayan zanen, ya dawo ya ce bango ne kawai, ya zauna a hankali kamar mai tsoron kada ya tashi wani daga barci.

Abin da ya fi ba ni tsoro shi ne shirun. Tsohon yana magana, ina ganin bakinsa, amma ba sauti. Ya yar da kwalba ta fashe, ba ƙara. Duniyarsu kuma ba ta da launi, sai baƙi da fari da ruwan toka, kamar mutanen da ke zaune a cikin wata. Direba ne yake ba su murya da tasa Hausar.

"Wannan tsoho, shi yana so ya yi zinariya. Shekara da yawa. Abinci ba ya ci, barci ba ya yi. Ga matansa ya kawo tuwo. Duba, ya ture! Mahaukaci!"

Aka kwashe da dariya. Na dubi Kawu, ban ga haƙorinsa ba.

Tsohon ya zuba wannan ya zuba wancan, hayaƙi ya tashi, ya leƙa, ba kome. Itace ya ƙare masa, ya karya kujera ya sa a wuta, ya karya gado ya sa. Ƙarshe sai ya ɗaga ido ya ga wani babban faranti a rataye a bango. Matar ta durƙusa ta riƙe masa ƙafa. Ya fizge, ya jefa farantin a tukunya, ya ɗaga hannu biyu sama, bakinsa yana motsi. Hayaƙi ya turnuƙe. Da ya washe, tukunya ta cika da zinariya.

Kuma rawaya ce! A cikin duniyar tokar nan, ita kaɗai take da launi, tana rawa tana ƙyalli kamar an huda zanen rana ta shigo. Mu da muke yini a ruwa don abin da bai cika farce ba, ga tukunya guda tana ambaliya. Kabbarar da aka yi, na rantse sai da kwanon rufin ya ɗaga ya koma. Bayan nan tsohon ya yi ta dariya marar sauti, yana watsa zinariya a kansa, wuta ta kama labule, ta kama ɗakin, shi bai ma waiwaya ba. Sai zane ya koma fari.

Da aka buɗe ƙofa kowa ya fita yana murza ido, ban da Kawu. Ya je wurin direba ya ce, "Malam, me ya faɗa da ya ɗaga hannu?"

"Maƙeri, ba wanda ya sani. Su ba su da murya."

"Suna da ita," in ji Kawu. "Cire ta aka yi."

A hanya, da muka hango ganuwar gari, ya juyo ya dube ni. Ya ce ya taɓa ji wurin wani malami cewa mutanen da suna da ilmi da ake kira alkimiya, na mai da ƙarfe zinariya, amma ya ɗauka labarin littafi ne. Yau ga shi ido ya gani.

Kwana uku bayan haka na shiga maƙera na tarar ya daka kashin maƙera, wato baƙin dattin da ƙarfe ke bari, ya haɗa da kanwa da farar wuta a 'yar tukunyarsa ta yumɓu, ya ɗora a wuta. Ya ji kunya da na gan shi. Ya ce gwaji ne kawai, in riƙe masa zuga-zugi ya je ya yi alwala.

To, ina da wata ƙwaya da na tsinta a rafi bayan ruwan farko, na ɓoye a cikin kara na cusa a lalitata, don doka ta hana kowa riƙe ɗanyar zinariya. Ban san abin da zan yi da ita ba, sai wannan rana Shaiɗan ya sanar da ni. Na zare, na jefa, na ci gaba da zuga kamar salihi.

Kawu ya dawo. Ya ɗaga hannu biyu sama yadda tsohon ya yi, ya motsa baki, na cije leɓe don kada dariya ta kuɓuce. Ya sauke tukunya da awartaki, ya bari ta huce, ya fasa. A gindinta ga wani ɗan ɗigo, mulmulalle, rawaya.

Tsallen da nake jira bai zo ba. Ya ɗauka, ya goga a baƙin dutsensa na gwaji, ya duba zanen da ta bari. Ya sake gogawa. Sai ya zauna a ƙasa, hawaye na bin gemunsa. Ban taɓa ganin babban mutum da irin wannan fuska ba, kamar wanda aka kira sunansa daga sama. Na fasa dariyar. Na ce gobe na faɗa masa.

Goben nan ita ta cuce mu. Kawu ya sake haɗawa daidai yadda ya yi, ba kome. Ya ce itacen gawayin ne ya bambanta, ya shiga daji neman itacen ƙirya. Ba kome. Ya ce ranar ce, ya jira Laraba. Ya tuna ni ne a kan zuga-zugi, ya zaunar da ni na yi ta zugawa har hannuna ya yi tsawon da zan iya sosa diddige ina tsaye. Ya tuna ya yi alwala a tsakiya, ya riƙa yin alwala har randar gidanmu ta fara kuka in ta gan shi. Matan Fulani suka zo da tsofaffin mundaye a gyara musu, ya ce su dawo kasuwa mai zuwa. Suka dawo, suka sake dawowa, suka daina. Mundayen da ke rataye a maƙera ɗaya bayan ɗaya suka shiga tukunya. Kaka ta aika da tuwo, ya ture da bayan hannu, ni kuwa na tuna na taɓa ganin wannan turewar a jikin zane.

Amma ba zan ɓoye ba, akwai ranakun da nakan manta ni na ƙulla abin. In ya ɗaga murfi, ƙarfe ya narke yana juyi, kore a gefe, ja a tsakiya, da wani fari-fari yana yawo a sama kamar ido, sai in ji ni ma ina leƙawa da zuciya ɗaya. Wa ya sani? Wanda ya sa tsoho tafiya a jikin zanen gado, me zai gagare shi?

Na faɗa masa gaskiya a wata na biyu. Na durƙusa na ce, "Kawu, ni na jefa ta."

Bai ko ɗago ba. "Kai ne kuma ka ga kura tana kiwon awaki a Gwaska."

"Wannan daban. Wallahi ni na jefa."

"Kai ne kifi ya haɗiye maka ƙwarya ya amayo ta da fura a ciki. Tsohuwa ce ta aiko ka ko? Tashi ka zuga mini, ja'iri."

Na koma wurin Kaka na faɗa mata. Ta dube ni tun daga sama har ƙasa ta ce, "Allah sarki, angona. Yau ƙaryarka ta alheri ce, don ka ceci kawunka. Amma ka nemo wadda ta fi wannan." Duk garin nan ba wanda ya kai ni baki, ga shi ranar da na zo da gaskiya ba mai saye.

Sai Kawu ya fara kallon tasa. In Kaka tana goge ta, sai ya tsaya a bakin zaure ya zuba mata ido. Wata Alhamis ya shigo ya tsuguna a gabanta.

"Inna, na gane inda na kuskure. Tsohon nan bai samu da yawa ba sai da ya jefa abin da ya fi daraja a gidansa. Ɗigon da na samu, nuni ne aka yi mini. In kin ba ni ita, zan ƙera miki irinta ta zinariya tsantsa."

Kaka ta ci gaba da guga. Ta ce, "A ciki aka raba goron sunanka. Ba zan ɓoye ta ba, ban taɓa ɓoye maka kome ba. Amma ba da hannuna za ka karɓa ba."

Ta mayar da ita inda take ajiyewa, a kan randa, inda kowa ke gani. Kwana biyu tasa tana nan. Na uku da safe babu.

Ban bi ta maƙera ba. Na zura da gudu sai sansani, gudun da na wuce inuwata sai da ta same ni a can tana haki. Na tarar da direba a ƙarƙashin mota, na zayyane masa kome. Shi kaɗai ya yarda da ni, watakila don bai san ni sosai ba. Ya yi dariya har ya buga kai da ƙarfe, sannan ya daina. Ya shiga ɗaki ya fito da wani gwangwani mai faɗi, ya cusa a riga, ya ce mu je kafin Bature ya tashi.

Mun tarar an hura wuta a maƙera, tasa tana kan uwar maƙera, Kawu ya riga ya yanke mata baki, gutsure kamar faɗin yatsa biyu, ya sa a tukunya. Direba ya tsaya daga waje ya ce ba zai shiga ba, abin da ke hannunsa ya fi fetur son wuta, sai dai maƙeri ya fito. Kawu ya fito yana kare ido da hannu. Rabonsa da tsayawa a rana har na manta.

Direba ya buɗe gwangwani. Ashe duk tsohon nan da ɗakinsa da matarsa a nannaɗe suke, a jikin wani dogon ƙyalle mai santsi kamar saɓar maciji. Ya warware, ya warware, ya ɗaga wa rana. Hotuna ne ƙanana, kowanne bai fi farcen babban yatsa ba, a jere, ɗaruruwa, ba mai motsi ko ɗaya. A nan tsoho ya ɗaga hannu kaɗan. A na gaba ya ƙara kaɗan. Ni wannan ya fi ruɗa ni a kan na ranar Lahadi. Ina tafiyar take, in ba ta cikin kowane hoto?

Kawu ya goge hannu a riga, ya karɓa da yatsa biyu. Ya bi su ɗaya ɗaya har ya kai inda tukunya take baƙa a hoto ɗaya, a na gaba kuma ta cika. Ya daɗe a nan. Ya matso da shi kusa da ido, ya nisantar, ya karkata.

Ya ce, "An yi ɗori a nan."

Direba ya ce, "Ina?"

"Ga layi. Duk wanda ya taɓa haɗa bakin munduwa ya san ɗori." Ya sa farce. "Dubi kyandir ɗin kuma. A nan tsawonsa ya kai wuyan kwalba. A nan ya sauka ƙasa da kafaɗarta. Kyandir ba ya cin haka a ƙiftawar ido. Tsakanin wannan hoto da wannan, an zauna, an sha ruwa, wani ya zo ya cika tukunya."

Na ce a hankali, "Kamar mutum ya tafi alwala."

Ya yi kamar bai ji ba. Yana kallon rawayar. Can sai ya ce, "Wannan kuma shafe ne. Ga inda ya zarce layi." Ya ja ƙyallen, ya ja, yana dubawa. "Kowane hoto daban aka shafa masa. Da me? Da gashi ɗaya? Wani ya zauna ya bi waɗannan duka, ɗaya bayan ɗaya, don a gani sau ɗaya a wuce?" Ya girgiza kai, fuskar nan ta ranar ɗigo ta dawo masa. "Kai! Akwai masu haƙuri a duniya. Ina ma in ga hannun mutumin nan."

Direba ya nannaɗe kayansa ya tafi. Kawu ya koma ciki ya sauke tukunya, amma gutsuren ya riga ya narke ya gauraye da tarkace. Ya ɗauki tasa ya juya ta a hannu. Sai ga Kaka a bakin ƙofa da sandarta. Ba ta dubi ɗanta ba, ni ta duba.

"Maigida, wa ya ciji tasata?"

"Ɓera ne, amarya. Wani ƙato mai gemu."

"To, ka ce wa ɓeran ina jiran kayana kafin Alhamis."

Kwana biyu ya yi a kan gyaran. A cikin ƙarafan da ya yi ta gaurayawa wata huɗu akwai wani da ya fito da launi mai kyau, shi ya buga ya cike gurbin, ya bi zanen sawun tsuntsu har ya haɗe. Sai dai facin ya fi sauran tasar haske, daga bakin zaure ana hango shi.

Da daddare ban iya cin tuwo ba, washegari na sake durƙusa masa. Na ce, "Kawu, yanzu ka yarda ni na jefa?"

Ya ce, "Na Bature ɗori ne, na gani. Nawa kuwa a tukunyata na fasa na samu. Tashi ka ba ni wuri."

Haka aka ƙare. Kawu bai sake samun zinariya ba. Ya koma ƙera mundaye, matan Fulani sun dawo, ban da biyu da suka koma wurin wani maƙeri. Ɗigon yana ƙunshe a tsumma cikin aljihunsa, kuma duk Laraba yakan ɗora tukunya ɗaya, ya hana ni zuwa kusa. Tasa tana kan randa. Da aka yi sunan ɗan Kawu watan jiya, a cikinta aka zuba goro, Kaka ta juya facin ya dubi bango.